Gani Bai Kori Ji Ba: Kogin Kwara, Iyakar Illo da Idon Kyamara

Ranar 14 ga Yuni, 1898, wakilan Ingila da na Faransa suka rattaba hannu a birnin Faris kan yarjejeniyar da ta tsaga ƙasar Bargu gida biyu. A cikin wannan takarda an ambaci sunan wani ɗan gari na bakin ruwa, Giris, mashigin jiragen Illo. Aka ce a auna mil 10 daga tsakiyarsa a yi sama da kogi, inda awon ya tsaya, nan iyaka za ta taɓa gaɓar Kwara. Da wannan awo Illo ta faɗa rabon Ingilishi, Nikki ta faɗa rabon Faransawa, alhali kuwa a bakin masu riƙe da tarihin Bargu, Busa da Nikki da Illo ɗaki ɗaya suka fito: 'ya'yan Kisra uku, Woru da Sabi da Biyo, su ne suka kafa su. Ba a daɗe ba kuma Turawa suka yanke Illo da Ka'oje daga sauran Bargu suka haɗa su da masarautar Gwandu. A yau Giris da Lolo mazaɓa ɗaya ce a ƙaramar hukumar Bagudo ta Jihar Kebbi, kuma wanda ya gota Lolo kaɗan ya shiga Madekali, ya kama hanyar Malanbil a Jamhuriyar Benin.

Masana sun yi rubutu mai yawa kan abin da iyakar nan ta raba: sarauta, da haraji, da kasuwa, da dangi. Ni abin da ya tsaya mini a rai wani rabo ne da ba a cika lura da shi ba, wato rabon hoto. Kogi ɗaya ne, sana'a ɗaya, zago ɗaya, amma a ƙarnin da ya shige kyamara ta yi wa mutanen sama da iyaka wata irin hidima, ta yi wa na ƙasa da ita wata daban. Ina magana ne kan fim ɗin zahiri, wanda ba a tsara wasa a cikinsa, ana bin mutane ne da na'ura suna cikin sha'aninsu. Mu 'yan wannan yanki, idan muka tashi neman irin rayuwar kakanninmu tana motsi a kan allo, tilas mu ari madubin maƙwabta.

Kafin a kai ga madubi, ya kamata a san fuskar. A wannan kusurwa kogin Kwara ke shigowa Nijeriya, a nan kuma gulbin Kabi ke juye masa ruwan da ya kwaso tun daga Zamfara da Gobir da Sakkwato. Sau biyu kogin yake cika a shekara, abin da baƙo ba ya saurin ganewa. Cikar farko ta damina ce, daga Agusta zuwa Oktoba, ruwa mai laka wanda saman ƙasashen kusa ya zubar. Ta biyu kuwa tana isowa cikin sanyin hunturu, lokacin da ko ɗigo ba ya sauka daga sama. Ruwan duwatsun Gini ne, wanda ya yi watanni yana rarrafe cikin fadamun Masina a ƙasar Mali, ya ajiye lakarsa a can, ya iso mana garau har ya yi duhu don tsabta. Farin ruwa da baƙin ruwa ke nan. A kan waɗannan cika biyu kowa ya ɗora lissafin shekararsa: manomin shinkafar da ke ƙara tsawo tana bin ruwa, da Bafillacen da ke jiran ruwa ya janye ya sako shanu cikin burgu, da masuncin da ya san wane wata ne na taru, wane ne na mamari, wane ne na gura.

Ƙasa ce kuma mai harsuna da yawa. A kasuwa ɗaya za ka ji Dandanci da Zabarmanci da Fillanci da Busanci da Hausar Kabi, kuma a ƙauyuka ƙalilan na kewayen Illo akwai sauran masu magana da Kyanganci, harshen da galibin Kyangawa suka riga suka saki suka kama Hausa ko Dandanci. Mashigin Illo na cikin wuraren da ayarin fatake ke ƙetare kogi a ƙarni na 19, daga Kano da Sakkwato da Jega zuwa Nikki da Jugu har Salaga ta ƙasar Gwanja. Su tafi da kanwa da tufafi da gishirin Foga, su komo da goro.

Daga cikin waɗannan al'ummu, Sarkawa ne suka fi shiga labarin da nake bayarwa. Sunansu ma shaida ne. Sorko ake kiran masu ruwa na daular Songai, waɗanda jiragensu suka yi jigilar rundunonin Sonni Ali da Askiya Muhammadu. Bayan Kanta ya ɓalle daga Askiya wajen 1516 ya tsayar da Kabi da ƙafafunta, wani reshe na masu ruwan nan ya zauna a ƙarƙashinsa, bakinsa ya koma Hausa, hannunsa ya riƙe sana'ar kaka. Saboda haka Basarken Yawuri ko na Illo da Sorkon Ayoru, can sama da Yamai, 'yan'uwa ne da tazarar fiye da kilomita 500 da harshe suka raba.

A 1941 wani matashin injiniya Bafaranshe mai suna Jean Rouch ya sauka Yamai domin aikin hanya. A shekara ta gaba tsawa ta faɗa wa leburorinsa ta kashe mutum 10. Wani yaron aikinsa, Damure Zika, wanda Sorko ne, ya kawo kakarsa Kaliya ta jagoranci abin da suke yi idan haka ta faru, domin a al'adar Songai ta dā tsawa aikin Dongo ce, kuma Sorko ne masu yi masa kirari. Ba na kawo wannan don in gaskata shi, Musulunci ya riga ya yi mana maganin wannan tambaya. Na kawo shi ne don wani ɗan bayani da ke cikin ruwayar su kansu Songai: sun ce Dongo asalinsa mutumin Bargu ne. Wato tun a ranar da Rouch ya fara buɗe ido a kan al'adun kogi, ƙasarmu tana cikin zancen.

Bayan yaƙin duniya na biyu ya komo da abokansa biyu, Jean Sauvy da Pierre Ponty, suka bi Kwara tun daga mafarinsa a Gini; Ponty ya tsaya a Yamai, sauran biyun suka ƙarasa har bakin teku, tafiyar kimanin kilomita 4,200, tsakanin 1946 da 1947. Yana ɗauke da tsohuwar kyamarar Bell & Howell da ya saya a kasuwar gwanjo ta Faris, wadda ake wana ta kamar agogo, ta yi aiki na kimanin daƙiƙa 25 ta tsaya. Jirginsu ya wuce Gaya, ya ratsa iyakar mil goman nan, ya bi ta gaban Giris, ya gangara Yawuri da duwatsun Busa inda Mungo Park ya halaka a 1806. Abin da wannan sani na kogi ya haifar game da mutanenmu shi ne maƙala kan Sarkawa masu yawon su, wadda mujallar Africa ta buga a 1950. Kafin ita, wani jami'in mulkin Ingilishi, P. G. Harris, ya buga tasa kan masuntan Kabi a 1942. Rabonmu ke nan: alƙalami. Kyamarar kuwa a Ayoru da tsibirin Firgun ta yi aikinta.

Fim ɗin farko da ya fito daga tafiyar abin takaici ne, kuma shi kansa Rouch bai ɓoye haka ba. Kamfanin labarai na Faransa da ya sayi hotunan ya datse su, ya cusa hotunan namun dajin da aka ɗauka a wani wuri, ya ɗora kiɗa, ya ba wani mai sharhin wasanni ya yi bayani da ihu, ya raɗa masa suna Au pays des mages noirs, wato a ƙasar baƙaƙen bokaye. Mafi muni, ya juya tsarin abin. Masunta suna yin wasan holle, mai kama da borin Hausawa, kafin farauta, domin neman izinin mai ruwa. Kamfanin ya ɗauke shi ya kai ƙarshe don ya fi tayar da hankalin 'yan kallo, sai ya zama kamar shagalin cin nasara. Kowane hoto a fim ɗin gaskiya ne, amma jerin ƙarya ne. Wanda ya riƙe almakashi ya fi wanda ya riƙe kyamara iko.

A 1951 Rouch ya koma wurin masuntan nan tare da Roger Rosfelder mai ɗaukar sauti, suka zauna watanni, suka fito da Bataille sur le grand fleuve, wato yaƙi a kan babban kogi. A lokacin hukumar Faransa ta riga ta taƙaita farautar dorina, sai da izini. A fim ɗin ana ganin masunta suna haɗa wani ƙaton jirgi na musamman wanda zai iya jure karon dorina, suna gyara zaguna masu igiya da abin yawo a kan ruwa, domin duk inda dabbar ta nutse a san inda take. Ana ganin neman izini wurin Harakoi Dikko, wadda suke ɗauka uwar ruwa. Sun kashe wata macen dorina, sun kama ɗan ƙarami da rai. Amma tsohon namijin da suka fi nema ya sha zaguna jikinsa kamar bushiya, ya farfasa babban jirgin, ya shige cikin ciyawa ya ɓace. Da rashin nasara fim ɗin ya ƙare, kuma a ganina wannan ne ya sa ya zama tarihi. Mai son burge Turawa da ya nemo wata mushen dorina ya rufe labarinsa da ita.

Abin da ya fi fim ɗin muhimmanci shi ne abin da ya biyo bayansa. A 1954 Rouch ya ɗauko janareto da na'urar haskawa ya koma Ayoru, aka rataya farin ƙyalle a bango, dare ya yi, masunta suka zauna kallon kansu. Da farko na'urar suka zuba wa ido. Can sai suka fara gane fuskoki, har da na waɗanda suka rasu a tsakani, aka yi koke-koke. Aka sake haskawa, aka kuma sakewa. Da mamaki ya lafa sai gyara ya fara. Suka ce ba su ga dorina sosai ba. Sannan suka tambaye shi inda ya taɓa jin kiɗa a wurin farautar dorina. Shi kuwa ya ɗora wani taken mafarauta ne a kan wurin da ake bin dabbar, kuma taken nasu ne, a wurinsu ya ɗauke shi, yana ganin ya kyauta. Suka nuna masa cewa farautar dorina shiru take so, domin dabba ce mai kunne ko tana ƙarƙashin ruwa. Wanda ya kai mata kiɗa ya kore ta, ko ya jawo wa jirgi bala'i.

Hausawa na cewa gani ya kori ji. A daren nan na Ayoru karin maganar bai ci ba. Baturen ya ga komai da idonsa, ya zauna cikin jirgi, ya ɗauki hoto, ya riƙe shaidar da ba ta musantuwa. Duk da haka sai da ya zauna ya saurari masu abin kafin ya san abin da ya gani. Littafin da ya rubuta a kansu da Faransanci ba mai iya karanta shi a cikinsu balle ya ce an yi kuskure a shafi kaza. Fim kuwa ko wanda bai taɓa riƙe allo ba yana iya tsayar da shi ya ce ba haka ake yi ba. Rouch ya karɓi gyaran, ya guji ɗora kiɗan ado a kan ire-iren waɗannan finafinai, ya kuma mayar da komawa wurin masu abu ya zama ƙa'idar aikinsa.

A wannan zama ne wani maharbi, Tahiru Koro, ya ce masa ya zo ya ga yadda suke farautar zaki da baka, abin da ya zama fim ɗin da ya ci babbar kyauta a bikin finafinai na birnin Venis a 1965. Damure Zika da Illo Gaudel, wanda shi ma masunci ne, da Lam Ibrahim Diya suka ja shi zuwa fim ɗin Jaguar, kan 'yan ci-rani masu tafiya Gwalkwas. Daga baya 'yan ƙasa suka karɓi na'urar: Mustafa Alasan ya yi Aouré kan auren Zabarmawa a 1962, Umaru Ganda ya ci babbar kyautar bikin finafinai na Wagadugu a 1972, Mariyama Hima ta ɗauki masu sarrafa tsofaffin tayoyi a Yamai ta sa wa fim ɗin suna da Hausa, Baabu Banza. Ba na so a ɗauka ina wanke Faransawa. Dokar Laval ta 1934 ta sa ba mai ɗaukar fim a ƙasashen da suke mulka sai da izinin gwamna, kuma ita ta tare wa 'yan Afirka hanya har zuwa samun 'yanci. Usman Sembene na Senegal ma ya faɗa wa Rouch a gaban idonsa a 1965 cewa masu irin aikinsa suna kallon 'yan Afirka kamar yadda ake nazarin ƙwari. Zargin yana da nauyi. Sai dai ko ƙwaron da aka adana, jikansa yana da abin dubawa.

A namu ɓangaren fim da wata fuska ya zo. William Sellers, jami'in kiwon lafiya a Legas, shi ya jagoranci sashen finafinan mulkin mallaka da Ingila ta kafa a 1939, kuma ra'ayinsa shi ne mutumin karkarar Afirka ba ya gane hoto mai sauri, sai an bi da shi a hankali kamar yaro. Daga wannan tunani majigi ya fito: mota ta iso gari da yamma, a kafa allo a ƙofar fadar hakimi, mai fassara ya riƙe lasifika, a nuna yadda ake haƙa masai, da amfanin allurar shanu, da ziyarar manyan baƙi. Baban Larai, wanda dattawan Arewa ke tunawa har yau, don koyar da noman auduga aka yi shi. Ban raina wannan ba, an ceci rayuka da shi. Amma majigi malami ne da ya zo da darasinsa a aljihu. Ya zo ya nuna wa manomi abin da ya kamata ya zama, bai tambaye shi yadda yake gane shigowar baƙin ruwa ko yadda ake rabon fadama tsakanin gidaje ba. A Ayoru masunta sun gyara wa mai fim. A gaban allon majigi kuwa mai lasifika ne kaɗai ke magana.

Ba mu kaɗai ne iyaka ta ratsa ba, kuma akwai wata al'umma a Turai da labarinta ke haska namu. Baskawa suna zaune a gindin duwatsun da suka raba Faransa da Sifaniya, larduna huɗu a kudu, uku a arewa, da harshen da bai yi kama da na kowa a kewayensu ba. Makiyaya ne da masunta da manoma, kuma su ma an san su da fasa-ƙwauri, kamar yadda aka san duk wanda aka ja wa layi a tsakiyar gonarsa. Har tsibirin rigima suna da shi a kogin Bidasowa, wanda ƙasashen biyu ke karɓa-karɓa duk wata shida, yayin da namu na Lete, kusa da Gaya, sai da kotun duniya ta yanke wa Nijar da Benin hukunci a kansa a 2005. Baƙi sun ɗauke su a fim, har da Orson Welles na Amurka a 1955. Amma a 1968, ana tsakiyar mulkin Janar Franko wanda ya danne harshensu, Nestor Basterretxea da Fernando Larruquert suka fito da Ama Lur, wato uwa ƙasa, da kuɗin da jama'a suka tara ta karo-karo. Suka ɗauki makiyayi da tumakinsa, da gasar saran itace, da masu ɗaga dutse, da mawaƙan da ke ƙaga baiti nan take a gaban taro. Masu tace finafinai suka tilasta a ambaci sunan Sifaniya sau uku a ciki kafin a bari a nuna shi.

Wani abin da ya fi wannan jan hankalina ya faru a ƙauyen Lantz. An daina bikin gargajiyar garin tun zamanin yaƙin basasarsu. A 1964 'yan'uwa biyu, Julio Caro Baroja masanin al'adu da Pio mai ɗaukar fim, suka zauna da tsofaffin garin suka tambaye su yadda ake yi, aka sake shirya bikin don kyamara, kuma daga nan ya ci gaba har yau. Mai tsananin ra'ayi zai ce al'adar da aka tayar don hoto ba ta asali ba ce. Ni kuwa ina ganin tambayar da ta fi ita ce wa aka tambaya, kuma wa ya ce an yi daidai. A 1978 Baskawa suka kafa gidan adana finafinansu, domin ɗan makiyayi ya iya zuwa ya ga kakansa ba sai ya nemi izinin wata ƙasa ba.

Mu kuwa lokacin da ya fi dacewa a ɗauki kogin shi ne lokacin da aka canza shi. An gina madatsar Kainji daga 1964 zuwa 1968. Tsohuwar Busa ta nutse, tsibiran Gungawa da yawa suka bi ta, aka tayar da mutum fiye da 40,000. Tafkin ya miƙo har Yawuri, ya sauya tafiyar kifi da ta jirage. A waɗannan shekaru ne kuma zaren roba ya kori taru na saƙar hannu, injin ya kori filafili a doguwar tafiya. Wanda aka haifa a Illo a 1940 ya ga kogi biyu a rayuwarsa, na kafin madatsa da na bayanta, kuma masu wannan shaida kullum raguwa suke yi.

Za a ce ai ga Argungu. Gaskiya ne, tun daga ziyarar da Sarkin Musulmi Hasan ɗan Mu'azu ya kai wa Sarkin Kabi Muhammadu Sama a 1934 bikin kamun kifi yake girma, har hukumar UNESCO ta sa shi cikin gadon al'adun duniya a 2016, kuma babu wani sha'anin ruwa a Arewa da kyamara ta ɗauka kamarsa. Amma abin da ake ɗauka kusan sa'a ɗaya ce a Matan Fada: dubban mutane su ruga da koma da gora, a fito da giwan ruwa a ɗora a sikeli. Sauran kwanakin shekara, da ɗinkin koma, da bashin da masunci ke ci wurin dillali, da matar da ke kwana gaban banda hayaƙi na cin idonta, ba su da ranar biki. Kyamara tana son abin da ke tsalle. Yankin Bagudo kuwa, idan ka ga masu ɗaukar hoton labarai sun ƙetare gadar Tuga, to ambaliya ce ta cinye shinkafa kamar ta 2020, ko jirgi ya kife, ko an kama buhunan da aka shigo da su bayan rufe iyakoki a Agustan 2019. Wanda zai rubuta tarihinmu nan da shekara 50 daga waɗannan hotuna zai ɗauka ba mu taɓa yin komai ba sai nutsewa da fasa-ƙwauri.

Ko abin da aka ɗauka ma, ajiyarsa wata magana ce. Fim ɗin Shehu Umar da Adamu Halilu ya yi a 1976 daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa ya yi shekaru ana ɗauka ya ɓata, sai a 2016 aka tsinci faifansa cikin tarin gwangwanaye masu tsatsa a tsohon ginin sashen finafinai a Legas, aka kai Jamus aka gyara, aka nuna shi a Balin a 2018. Idan haka ta sami aikin da ke ɗauke da sunan Firayim Minista, ina ga hoton masuncin Lolo? Yau kowane saurayi a tunga yana da kyamara a aljihu, ana ɗaukar kokawa da sharo da kilisar ango ana turawa ta WhatsApp, kuma wannan arziki ne da ba a taɓa samu ba. Sai dai ajiyar waya ajiyar kan ruwa ce. Waya ta faɗa kogi, ko a goge bikin bara don a sami wurin na bana. Muna da gidan tarihin Kanta a Argungu tun 1958, muna da jami'o'i a Birnin Kebbi da Aliero da Sakkwato. A cikinsu ya kamata a sami ɗakin da zai karɓi irin waɗannan hotuna, a rubuta sunan gari da wata da shekara da bayanin masu abin.

Da rani na samu fim ɗin yaƙin dorina daga wani abokina da ke karatu a Yamai, na kai wa wani dattijo Basarke a wata tunga ƙasa da Lolo, wanda ƙanin kakata ne ta wajen uwa. Muka zauna a inuwar jirgin da aka kife ana toshe shi, na riƙe masa waya. Bai ce uffan ba har aka zo wurin haɗa babban jirgi. Nan ya sa yatsa a kan gilashi.

"Tsaya nan, jikana. Mai da shi baya."

Na mayar. Ya duba yadda suke ɗaure igiya a gindin zago, ya ce haka mahaifinsa ke yi, sai dai su nasu abin yawon ya fi wannan tsawo, don ruwanmu ya fi faɗi. Da aka zo wurin holle ya kau da kai ya yi istigfari, sannan ya ce shi ma ya tarar da ana yi, ba a dai faɗa wa malamai. Da tsohon namijin ya fasa jirgi ya tsere, sai ya yi dariya har da tari.

"Wanga ba a kashe irinai. Mu ma muna da namu a ƙasan Giris, ya ga bayan mutum uku."

Na tambaye shi, "Baba, me suka bari ba su ɗauka ba?"

Ya ce ba a nuna wanda aka bari a gida ba. Idan maza suka fita bin dorina wata biyu, wa ke ciyar da tunga? Ya lissafa mini: mata ne ke bin ƙananan ruwaye da ƙwarya da hannu, su ke banda, su ke kai wa Fulani kifi su karɓo nono da gero a wurin manoma. Ya ce a fara da su in za a sake.

Abin da ya fi damunsa shi ne muryar Rouch. Bayanin da Faransanci yake, harshen da ɗan makarantar Madekali ke ji, na Lolo ba ya ji, ko da kuwa uwarsu ɗaya. Amma a ƙarƙashin muryar Baturen ana jiyo masunta suna kiran juna, suna kirari, suna gargaɗi, da harshen Songai wanda mai jin Dandanci ke tsintar mafi yawansa. Dattijon ya kara kunnensa a jikin wayar, ya runtse ido, yana tsinto kalma ɗaya-ɗaya yana maimaita mini da Hausa: wannan ya ce a ja hagu, wannan yana kiran sunan uban wancan.

"Rage muryar Nasaran nan in ji mutane," in ji shi.

Na ce masa ba ya yiwuwa, a faifai ɗaya aka haɗa su tun 1952. Ya jinjina kai, ya ce to in sake mayar da shi farko.